Begum: Laƙabin Girmamawa na Matan Sarautar Musulmi a Indiya

Duk wanda ya yi cuɗanya da 'yan uwanmu Musulmi na Indiya, Pakistan da Bangladesh, ko a wurin aikin Hajji ko a harkar kasuwanci, zai lura da kalmar Begum a sunayen matansu. Da yawanmu muna zaton sunan yanka ne. A'a, laƙabi ne na girmamawa wanda ya fito daga fadojin sarakuna, kuma matan da suka ɗauke shi sun bar wa Musulunci masallatai, makarantu da littattafai.

Asalin kalmar

Kalmar daga harsunan Turkawan Asiya ta Tsakiya take. Beg na nufin shugaba ko basarake, Begum kuwa ita ce takwararsa mace, kamar yadda Khanum take ga Khan. Idan za mu kusanto da ma'anar zuwa Hausa, sai mu ce gimbiya ko uwargida mai daraja. Zuriyar Taimur ne suka shigo da laƙabin Indiya, lokacin da Babur ya kafa daular Mugal a shekarar 1526. Daga nan ya zauna daram a harsunan Farisanci, Urdu da Bengali.

A fadar Mugal

A wannan daula, matan sarki da 'ya'yansa da 'yan uwansa mata ake kira Begum. Wadda ta fi kowa matsayi ita ake ba laƙabin Padshah Begum, wato uwar fada. Ba dole sai matar sarki ba: Jahanara Begum ta riƙe shi a zamanin mahaifinta Shah Jahan, bayan rasuwar mahaifiyarta Mumtaz Mahal a 1631. Ita Mumtaz, wadda aka gina Taj Mahal a kan kabarinta, sunanta na asali Arjumand Banu Begum.

Jahanara ce ta ɗauki nauyin gina babban masallacin Juma'a na Agra, aka kammala shi a 1648, ta kuma rubuta littafi kan rayuwar Shehu Mu'inuddin Chishti. Kafin ita akwai Gulbadan Begum, 'yar Babur, wadda ta jagoranci ayarin matan fada zuwa Hajji a zamanin Sarki Akbar, ta kuma rubuta tarihin ɗan uwanta Humayun. Masana tarihi suna dogara da littafin nata har yau.

Begum huɗu na Bhopal

A masarautar Bhopal da ke tsakiyar Indiya ne laƙabin ya kai ƙololuwa, domin a can mata huɗu suka riƙe ragamar mulki tsakanin 1819 da 1926, in ban da 'yan shekaru kaɗan.

Ta farko ita ce Kudsiyya Begum. Harsashi ya kashe mijinta a 1819, tana matashiya mai goyon 'ya mace. Ta tsaya gaban manyan fada ta riƙe mulki a madadin jaririyar, duk da adawar mazan gidan, har zuwa 1837.

'Yar tata, Sikandar Begum, ta karɓi ragama a 1844 ta riƙe har rasuwarta a 1868. Ta gyara tsarin haraji da na soja, ta yi aikin Hajji a 1864, ta kuma rubuta labarin tafiyar.

Sai Shah Jahan Begum, daga 1868 zuwa 1901. Ita ta fara gina Tajul Masajid, ɗaya daga cikin manyan masallatan Indiya, kuma ta ba da kuɗi mai yawa wajen gina masallacin Woking a 1889, na farko da aka gina takanas domin salla a Ingila. Mijinta na biyu shi ne malamin hadisi Siddiƙ Hasan Khan, mai tafsirin Fathul Bayan da littafin Raudatun Nadiyya. Ɗalibanmu da suke karanta waɗannan littattafai su sani cewa a inuwar mulkin wannan mata aka samu sukunin rubutu da buga littattafai a Bhopal.

Ta huɗu ita ce Sultan Jahan Begum, daga 1901 zuwa 1926, lokacin da ta sauka ta bar wa ɗanta Hamidullah Khan. Ta buɗe makarantu da asibitoci, kuma ita ce uwar Jami'ar Musulmi ta Aligarh ta farko, daga 1920 har rasuwarta a 1930.

Laƙabi ɗaya, hanya biyu

Laƙabin bai sa masu shi sun zama tsintsiya maɗaurinki ɗaya ba. A boren 1857, Sikandar Begum ta goyi bayan Turawan Ingila domin ta tsare masarautarta. A daidai lokacin, Begum Hazrat Mahal ta Awadh tana jagorantar yaƙi da su a Laknau. Da aka ci garin ta ƙi miƙa wuya, ta yi hijira zuwa Nepal, inda ta rasu a 1879.

Yadda yake a yau

Bayan rushewar masarautu, laƙabin ya sauko cikin jama'a. Yanzu ana kiran matar aure mai mutunci da shi, kusan yadda muke cewa Hajiya ko Malama. Idan ya zo kafin suna girmamawa ce, kamar Begum Rokeya, wadda ta buɗe makarantar 'yan mata Musulmi a Kalkata a 1911, ko Begum Khaleda Zia da ta zama firayim ministar Bangladesh a 1991. Idan ya zo bayan suna kuwa, sau da yawa ya zama wani ɓangare na sunan ne kawai, shi ya sa a takardun 'yan Bangladesh mazauna Birtaniya ake rubuta shi a gurbin sunan iyali.

Dubban mata sun amsa wannan laƙabi a fadoji, amma waɗanda ake ambata har yau su ne masu waƙafi, masu gina masallaci da masu yi wa ilimi hidima. Allah Ya gafarta musu, Ya saka musu da alheri. Allah ne mafi sani.