Kuskure

kuskure (suna, namiji; jam'i kurakurai)

1. Aikata abu ba daidai ba, ba da gangan ba.

2. A ilimin ƙididdiga: tazarar da ke tsakanin abin da aka kimanta da ainihin gaskiya. Kuskuren samfur yana zuwa idan waɗanda aka tambaya ba su wakilci dukan jama'a ba: Mai bincike ya tambayi 'yan unguwar Yindiski kaɗai, ya ce ra'ayin duk Potiskum ke nan. Masana ƙididdiga Neyman da Pearson sun raba kuskuren gwaji gida biyu. Na farko, a ce akwai abu alhali babu, kamar gwaji ya nuna saniya tana da cuta tana lafiya lau. Na biyu, cutar tana nan amma gwajin bai gano ta ba.

3. Wajen rubuta manhaja: kuskuren ƙa'ida, inda aka manta waƙafi ko baka, kwamfuta ta ƙi karɓa, kuskuren lokacin aiki, kamar raba lamba da sifili, da kuskuren tunani, inda manhajar ke aiki amma amsa ta fito a karkace. A 1996 rokar Ariane 5 ta tarwatse saboda lamba ta fi ƙarfin gurbin da aka tanadar mata a manhajar rokar.

4. A sadarwar intanet: saƙo ya ɓace ko ya gurɓata a hanya. Lambar 404 na nufin ba a samu shafin ba. Mai POS ya ce sabis ya yanke, an cire kuɗin amma bai shiga ba.

Duba kuma: mantuwa, gyara.