Akwatin Waƙa Mai Cin Kwabo da Majigin Ƙasar Hausa

Manufar wannan maƙala ita ce a waiwayi wani nau'in fim da manazarta waƙar baka ba su cika kula da shi ba, wato gajeren fim na kiɗa da rawa wanda ake kallo a cikin akwati bayan an jefa kuɗi.

A shekarar 1940 kamfanin Mills na birnin Cikago a Amurka ya fito da wani akwati mai suna Panoram, aka riƙa girke shi a gidajen abinci da mashaya. Mutum ya jefa santi 10, sai ya ga fim na kimanin minti 3. Fina-finai 8 ake ɗinkewa a zare guda, don haka mai kallo ba shi da zaɓi, wanda ya zo kan layi shi zai gani. Soundies ake kiransu, kuma kafin sana'ar ta mutu a 1947 an shirya fiye da 1,800. Kasuwa ce kurum, ba wanda ya yi nufin adana tarihi. Amma ta wannan hanya aka sami siffar mawaƙa baƙar fata irin su Fats Waller da Louis Jordan suna cikin aikinsu, a zamanin da manyan kamfanonin fim ke yi musu rowar fili. Haka aka sake yi a Faransa da akwatin Scopitone tun wajen 1960, inda 'yan ci-rani na Aljeriya suka riƙa kallon Slimane Azem a shagunan shayi na Faris.

To, mu a nan majigi muka sani. Hukumar fina-finan mulkin mallaka, wadda aka kafa a 1939, ita ta tsara masa hanya: mota ta zo, a kafa farin ƙyalle a ƙofar fada, a nuna tsafta da noman auduga. Kyauta ne, sai dai mai kallo a garuruwa irin su Mada ko Tsafe ko Bunguɗu ba shi da ta cewa, tun da ba kwabonsa ke juya na'urar ba. Hukuma kuwa darasi ta sa a gaba.

Illar wannan tana kanmu har yau. Mafi yawan abin da muka gada daga Ibrahim Narambaɗa da Salihu Jankiɗi murya ce a faifai da kaset. Yadda 'yan amshi ke jeruwa, da yadda ake riƙon kotso ko taushi, da irin durƙuson da makaɗi ke yi gaban sarki, duk sai dai ɗalibi ya nemo su daga bakin dattawan da suka gani, su kuwa kullum raguwa suke yi.