Ganuwar Sabon Birni da Isa: Su Wa Suka Ɗauki Ƙasar?

Duk wanda ya karanta tarihin ƙasar Gobir ya san cewa Alkalawa ta faɗi a hannun masu jihadi a shekarar 1808, inda aka kashe Sarki Yunfa. Amma wuta ba ta mutu ba. A shekarar 1836 aka sake gwabzawa a Gawakuke, Sarkin Musulmi Muhammadu Bello ya yi galaba, Sarkin Gobir Ali ya rasa ransa. Ragowar Gobirawa suka kafa Tsibiri kusa da Maraɗi, suka ci gaba da kawo hari.

Wannan ne ya sa Sakkwato ta dogara da garuruwan ribaɗi a bakin iyaka, irin su Isa, wadda aka danƙa wa zuriyar Bello. Daga baya, zamanin Sarkin Musulmi Ahmadu Atiku (1859-1866), Ɗan Halima ya ɓalle daga Tsibiri ya kafa Sabon Birni a bakin gulbin Rima. A irin wannan zamani, gari ba ya zama gari sai da ganuwa.

Abin da nake so mai karatu ya lura da shi shi ne aikin kansa. Da rani ake yin sa, bayan an kawar da amfanin gona. A haƙa gwalalo, a kwaɓa ƙasar da aka fitar, a yi tubali, a jera. Ruwan kwaɓi kuwa a ka ake ɗauko shi. Talakawa da bayi, waɗanda da yawansu kamammun yaƙi ne, su ke wannan wahala. Damina ta zo ta zaizaye, rani ya dawo a sake yaɓe. Wanda gonarsa ke nesa da ƙofa kuwa, shi mahara ke fara samu.

A ganina, idan malami zai koyar da wannan babi, kada ya tsaya ga sunayen sarakuna kawai. Tun daga shekarar 2019 'yan bindiga suka tilasta wa dubban mutanen wannan yanki gudun hijira zuwa jihar Maraɗi. Jiya da yau, talaka ne ke biyan kuɗin tsaro da guminsa da jininsa. Allah Ya jiƙan magabata, Ya zaunar da ƙasarmu lafiya, amin.