Yadda Waƙa Ta Kuɓuce Daga Faifai

A farkon shekarun 1990 kwamfuta ba wurin ajiye waƙa ba ce. Minti ɗaya na sautin faifan CD kan lashe kusan megabayit 10, ga shi rumbun ajiyar kwamfutocin lokacin bai taka kara ya karya ba.

Mafita ta fito ne daga cibiyar bincike ta Fraunhofer da ke Erlangen a Jamus, inda Karlheinz Brandenburg da abokan aikinsa suka bi ta kan raunin kunnen ɗan Adam. Idan ƙara mai ƙarfi ta tashi, kunne ba ya kama siririn sautin da ke kusa da ita. To ajiye shi na mene ne? Suka zubar da shi, waƙa ta koma kusan kashi ɗaya cikin goma na girmanta. Wadda ta ba su ciwon kai ita ce muryar Suzanne Vega a waƙar "Tom's Diner", da ba kiɗa ko kaɗan a cikinta: duk inda aka matse fiye da kima, sai muryar ta tona asiri. Haka Brandenburg ya yi ta saurarenta yana gyara. Ranar 14 ga Yuli, 1995, aka raɗa wa fayil ɗin suna .mp3.

Daga nan matasa suka karɓe ragamar. Manhajar kunna waƙa ta Winamp, ta Justin Frankel, ta fito a 1997, sai Napster ta Shawn Fanning, ɗalibi a Boston, a 1999, wadda ta bai wa kowa damar kwasar waƙa daga kwamfutar wani kyauta. A wancan zamanin da wayar tarho ake shiga intanet. Waƙar minti huɗu kan ɗauki fiye da minti goma, kuma da wani ya ɗaga tarhon gida, aiki ya koma ɗanye. Duk da haka sai da wasu jami'o'in Amurka suka toshe Napster saboda cunkoso.

Ƙungiyar mawaƙan Metallica ta kai ƙara a 2000, kamfanonin faifai ma suna kotu, Napster ta rufe a Yulin 2001. Kamfanonin sun ci shari'a, amma bakin alƙalami ya riga ya bushe. A 2003 manyan kamfanonin suka yarda Apple ya riƙa sayar da waƙa ɗaiɗai a iTunes kan santi 99. Har yau yawancin abin da masu turin waƙoƙi ke zubawa mutane a waya a kasuwannin Kano MP3 ne.