Bonnat, Bafaranshen da Ya Rubuta Labarin Tsohon Kumasi

Wanda ya bi ta unguwar Adum a Kumasi zai ga majami'ar da ke ɗauke da sunan Ramseyer. Masu bi da yawa sun san labarin wannan mai wa'azi na Mishan ɗin Basel. Amma kaɗan ne suka san abokin wahalarsa, wani Bafaranshe mai suna Marie-Joseph Bonnat.

An haifi Bonnat a shekara ta 1844 a Grièges, wani ƙauye a ƙasar Faransa. Fatauci ne ya kawo shi Afirka ta Yamma. A shekara ta 1869 yana ciniki a garin Ho, sai mayaƙan Asante a ƙarƙashin Adu Bofo suka afka wa ƙasar, suka kama shi. A wannan yaƙi ne kuma aka kama Ramseyer da matarsa Rosa da jaririnsu, tare da Johannes Kühne, a garin Anum. Jaririn ya rasu tun ba su kai Kumasi ba.

Fiye da shekara huɗu suka yi a hannun Sarki Kofi Karikari ana ta jayayya a kan kuɗin fansa. Bonnat ɗan Katolika ne, sauran kuwa Furotesta, amma wahala ta mai da su 'yan gida ɗaya. Bonnat bai zauna yana ta kuka da ƙaddara ba. Ya koyi harshen Twi, ya riƙa rubuta abin da idonsa ya gani: zaman fada, bukukuwa, kasuwa, da hukuncin kisa da ya sha tayar masa da hankali.

An sake su a watan Janairu na 1874, sa'ad da sojan Ingila a ƙarƙashin Wolseley suka doso birnin. A watan Fabrairu Turawan suka shiga Kumasi, suka cinna mata wuta. Saboda haka rubutun Bonnat ya zama shaidar birnin da wuta ta cinye.

Abin mamaki, mutumin da ya tsira bai guji masu tsare shi ba. A 1875 ya komo Kumasi da ƙafarsa, a zamanin Sarki Mensa Bonsu. Daga baya ya bi kogin Volta, ya isa Salaga a 1876. Salaga ita ce babbar kasuwar Gwanja, inda fataken Kano da Katsina ke zuwa sayen goro, inda kuma ake cinikin bayi. Wanda ya ɗanɗana zaman bauta ya tsaya yana kallon 'yan Adam a kasuwa.

Ƙarshen rayuwarsa a neman zinariya ya tafi. Yana cikin waɗanda suka buɗe wa kamfanonin Turai hanyar haƙar zinariya a Tarkwa, can kuma ya rasu a 1881, bai cika shekara arba'in ba. Ramseyer kuwa ya komo Kumasi a 1896 ya kafa aikin bishara.

Ba a buga cikakken littafin Bonnat na kowace rana ba sai a 1994, a birnin Paris. Zinariyar da ya mutu yana nema wasu ne suka kwashe. Takardun da ya rubuta yana tsare, su ne gadon da ya bar wa jikokin waɗanda suka kama shi.