Harouna Doula: mai horaswar da ya fara kai Mena gasar cin kofin Afirka

Harouna Doula Gabde ɗan Nijar ne mai horas da ƴan wasan ƙwallon ƙafa. An fi saninsa da kai Mena, ƙungiyar ƙasa, gasar cin kofin nahiyar Afirka (CAN) a karon farko cikin tarihinta, a shekarar 2012. Bayan shekara 11 kuma ya kai ƴan wasan cikin gida wasan kusa da na ƙarshe a gasar CHAN. Duk lokacin da ake muhawara kan ko ɗan ƙasa ya kamata a ba Mena ko baƙo, sunansa ne ake fara ambata.

Kama aiki da gasar Sudan

Hukumar ƙwallon ƙafa ta ƙasa, FENIFOOT, ta damƙa masa Mena a 2009. Jarrabawarsa ta farko ita ce CHAN, gasar da ƴan wasan da ke bugawa a ƙungiyoyin ƙasarsu kaɗai ke shiga. A wasannin neman gurbi Nijar ta fitar da Najeriya, abin da mutane kaɗan suka yi zato. A gasar da aka yi a Sudan a 2011, Mena ta wuce rukuninta, ta kai wasan daf da na kusa da ƙarshe, inda mai masaukin baƙi ta fitar da ita a bugun daga kai sai mai tsaron gida.

Hanyar zuwa CAN 2012

An haɗa Nijar rukuni ɗaya da Afirka ta Kudu, Saliyo da Masar, wadda ta ci kofin sau uku a jere, a 2006, 2008 da 2010. Dabarar Doula ita ce kada maki ko ɗaya ya kuɓuce a gida. A filin wasa na Janar Seyni Kountché da ke Yamai, Mena ta ci Masar 1 da 0 a watan Oktoban 2010 da ƙwallon Moussa Maazou, ta ci Saliyo 3 da 1, ta ci Afirka ta Kudu 2 da 1. Wasanni ukun da ta buga a waje kuwa duka ta sha kashi.

Ranar 8 ga Oktoban 2011 aka buga wasannin ƙarshe. Masar ta ci Nijar 3 da 0, Afirka ta Kudu da Saliyo suka tashi babu ci. Ƙasashe ukun kowace ta samu maki 9. Ƴan Afirka ta Kudu suka hau rawa a fili, suna ganin yawan ƙwallaye ya ba su gurbi. Ashe dokar CAF sakamakon wasannin da ƙasashen suka yi tsakaninsu take dubawa, kuma a wannan lissafin Nijar na da maki 6, sauran biyun 5 kowace. A watan Disamban shekarar, a birnin Accra, CAF ta ba Doula kyautar gwarzon mai horaswa na Afirka.

Abin da ya faru a Gabon

Kafin gasar, wadda Gabon da Equatorial Guinea suka shirya tare, aka kawo Bafaranshe Rolland Courbis a matsayin mai ba da shawara. Gabon ta ci Nijar 2 da 0 a wasan farko a Libreville. Daga nan aka mayar da Doula gefe, Courbis ya karɓi ragamar ƙungiyar, wata guda kacal bayan kyautar Accra. Canjin bai hana faɗuwa ba: Tunisiya ta ci 2 da 1, Maroko ta ci 1 da 0, Mena ta dawo gida ba maki. William Ngounou ne ya ci ƙwallo ɗayan da Nijar ta samu.

Courbis bai daɗe ba. Gernot Rohr ya gaje shi, ya kai Mena CAN 2013 a Afirka ta Kudu, inda ta samu makinta na farko a kunnen dokin da ta yi da Jamhuriyar Demokuraɗiyyar Kwango. Bayansa François Zahoui na Côte d'Ivoire da Bafaranshe Jean-Michel Cavalli sun riƙe ƙungiyar. Tun daga 2013 har zuwa gasar 2025, Nijar ba ta sake samun gurbin CAN ba.

Dawowa a Aljeriya

Doula ne ya jagoranci ƴan wasan cikin gida a CHAN da aka buga a Aljeriya a farkon 2023. Nijar ta tashi babu ci da Kwango, ta ci Kamaru 1 da 0, ta fitar da Gana da 2 da 0. A wasan kusa da na ƙarshe a Oran, Aljeriya ta ci ta 5 da 0. Madagaska ta ci ta 1 da 0 a wasan neman na uku. Matsayi na huɗu shi ne mafi nisa da Nijar ta taɓa kaiwa a gasar.

Matsayinsa a ƙwallon Nijar

Masu sukarsa na nuni da raunin Mena idan ta bar Yamai, da kuma ƙwallaye biyar na Oran. Masu goyon bayansa na cewa ya san ƙungiyoyin cikin gida da halin yaran da ke buga musu, kuma ba a yi masa haƙurin da aka yi wa baƙi ba. Abin da ɓangarorin biyu ba su musu a kai shi ne alƙaluma: gurbin CAN na farko, zuwa CHAN na farko, da wasan kusa da na ƙarshe na farko, duka a hannunsa Nijar ta same su.