François Tourte da Tarihin Bakan Biyolin

Idan ana zancen biyolin, wato gogen Turawa, sunan da yakan fara zuwa bakin masana shi ne Stradivari, gwanin sassaƙa na Italiya. Amma goge ba ya magana sai da abin goga shi. Manufar wannan maƙala ita ce ta waiwayi rayuwar mutumin da ya tsayar da siffar bakan da ake goga biyolin da shi har yau, wato François Xavier Tourte.

An haifi Tourte a birnin Faris na Faransa a wajajen shekarar 1747. Mahaifinsa da wansa, Léonard, duk masu yin baka ne, amma shi sai aka kai shi koyon ƙirar agogo. Marubucin tarihin kiɗa Fétis ya bayyana a littafinsa na 1856 cewa Tourte ya yi shekara takwas a wannan sana'a kafin ya komo ta gado, kuma bai iya karatu da rubutu ba. Daga wurin masu agogo ya samo sanin ƙarfe da tsananin kula da awo, waɗanda suka bambanta aikinsa da na sauran.

A zamanin da ya taso, baka ba shi da tsayayyen fasali. Tsofaffin bakunan Turai a miƙe suke, ko kuma sun lanƙwasa waje kamar na gogen Hausa. Sun dace da kiɗan fada da na majami'a, amma kiɗa ya fara fita zuwa manyan zaure inda ake biyan kuɗi a shiga, ana kuwa bukatar sauti mai ƙarfi da dogon ja. Zuwan makaɗin Italiya Viotti birnin Faris a 1782 ya ƙara fito da wannan bukata fili.

Tourte bai ƙago kome daga babu ba. Abin da ya yi shi ne tace dabarun magabata ya haɗa su wuri guda. Na farko, bayan gwaje-gwaje ya tsaya a kan icen farnambuko na ƙasar Barazil, wanda a da ake shigo da shi Turai domin rini, saboda ya haɗa ƙarfi da dawowa daidai bayan an tanƙwara shi. Na biyu, yakan fere sandar a miƙe bisa jijiyar icen, sa'an nan ya gasa ta a wuta ya lanƙwasa ta ciki, wajen tsagiya. Da haka makaɗi zai iya dannawa da ƙarfi ba tare da tsagiyar ta saki ba. Na uku, ya ɗaga kan bakan don kada tsagiya ta taɓa sanda, ya kuma ƙara ƙarfe a gindi domin nauyi ya daidaita. Na huɗu, ya sa zobe a mariƙin tsagiya wanda yake baje ta ta zama shimfiɗaɗɗiya maimakon dunƙule. Tsawon da ya tsayar, santimita 74 zuwa 75, shi ake bi har yanzu.

Ya yi aiki a shagonsa na bakin kogin Seine har tsufa, ya rasu a 1835. Galibi ba ya buga sunansa a kan aikinsa, saboda haka masana sukan gane bakansa ne ta hannun gwani. Bayan rasuwarsa, Vuillaume ya auna yadda sandarsa take sirancewa daga gindi zuwa kai, ya tarar tana bin ƙa'idar lissafi tsaf, alhali mai ita da ido da yatsa ya same ta. Magada irin su Dominique Peccatte suka ɗora a kan tafarkinsa.

A nan akwai abin lura ga mai nazarin al'adu. Ilmin sana'a yakan zauna a hannu, ba a takarda ba, kuma abin da muka sani na rayuwar Tourte ya tsira ne domin an tambayi waɗanda suka san shi tun suna raye. Gadon nasa ma ya dogara ga abin da yake ƙarewa: dazuzzukan farnambuko sun ragu ƙwarai, har a 2007 aka sa icen cikin jerin waɗanda yarjejeniyar CITES ta taƙaita cinikinsu. Sana'ar da ta shekara fiye da 200 a kan ice guda, yanzu makomarta tana ga masu dasa shi.